Amsa: Shin Olajuwon ya ci kofi a jami'a?

Ɗan'uwa, ka tambaya ko Hakeem Olajuwon ya taɓa ɗaukar kofin ƙwallon kwando na jami'o'in Amurka. Bai taɓa ba, kuma kakar 1982–83 ce ta fi ciwo.

A shekarar, Jami'ar Houston ƙarƙashin koci Guy Lewis ta ci wasa 26 a jere kafin wasan ƙarshe, ga ɗan wasanta Clyde Drexler, ga Olajuwon ɗan Legas a tsakiya. A kusa da ƙarshe sun lallasa Louisville 94–81.

Ranar 4 ga Afrilu 1983 a Albuquerque suka haɗu da North Carolina State, wadda ba wanda ya ba ta dama. Drexler ya tara laifi huɗu tun kafin hutun rabin lokaci, alhali a na biyar ake fitar da ɗan wasa. Bayan sun dawo Houston ta wuce gaba, sai Lewis ya sa a rage gudu, kuma a ganina nan aka yi kuskure, don gudu ne ƙarfinsu. Ana 52–52, Dereck Whittenburg na North Carolina State ya jefo ƙwallo daga nesa ba ta kai ba, abokin wasansa Lorenzo Charles ya cafe ta ya zura. Houston ta sha kashi 54–52.

Duk da haka Olajuwon, mai maki 20, aka zaɓa gwarzon gasar. A 1984 ma sun kai ƙarshe, Georgetown ta doke su.