Hukuncin zubar da ciki idan gwaji ya nuna sikila ne

Tambaya: Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni da maigidana duka AS ne. Kafin aure an ce shi AA ne, sai da 'yarmu ta fari ta fara kumburin hannu da ƙafa tana wata bakwai, aka sake gwaji gaskiya ta fito. Yanzu shekararta huɗu. Ina da cikin wata biyu, likita ya ce akwai gwajin da ake gane jinin ɗan tayi tun yana ciki. Wata ƙawata ta ce malaman Makka sun halatta a cire kafin kwana 120. Malam, na gaji da kwanan asibiti. Ya halatta in yi gwajin, in cire idan SS ne?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yar uwa, Allah ya ba yarinyar lafiya, ya sa wahalarki a mizani. Gajiyar da kika ambata ba zunubi ba ce. Duk uwar da ta kwana tana gasa wa ɗanta gaɓoɓi da ruwan ɗumi yana kuka ta san abin da kike nufi.

Gwajin kansa halal ne, babu saɓani mai ƙarfi a kai. Zubar da cikin saboda sikila kuwa bai halatta ba, kuma lissafin kwanaki shi ne ya fara rufe miki ƙofar.

Likitoci suna ƙirga ciki daga ranar farko ta hailar ƙarshe, malaman fiƙihu kuwa daga shigar cikin, tsakaninsu kamar kwana 14 ne. Gwajin da likitanki yake nufi, CVS, ana sa allura a ɗebo ɗan tsoka daga mabiyiya a duba DNA ɗinsa, kuma ana yin sa daga wajen mako na 11. Mako 11 kwana 77 ne, a cire 14, saura 63. Ki ƙara mako ɗaya ko biyu na jiran sakamako. A mazhabarmu ta Malikiyya, maganar da aka dogara da ita ita ce ba a fitar da abin da mahaifa ta riga ta kama ko da kafin kwana 40 ne. Imam Lakhmi ne ya sassauta, shi ma kafin arba'in. Kin ga ranar da sakamako zai iso hannunki, sassaucin nasa ya daɗe da wucewa.

Saura maganar ƙawarki. Fatawar tana nan, ba ƙirƙira ta yi ba. Majalisar Fiƙihu ta Rabiɗa, wato ƙungiyar Musulmi ta duniya, ta yanke ta a zamanta na 12 a Makka, shekarar 1410 bayan Hijira, wato 1990. Amma ta zo da sharuɗɗa: a yi kafin kwana 120, kwamitin ƙwararrun likitoci amintattu ya tabbatar ɗan tayin yana da mummunar tawaya a halittarsa, tawayar ba ta karɓar magani, kuma in an haife shi rayuwarsa azaba ce gare shi da iyalinsa. Akwai malaman wannan zamani da suka shigar da sikila ƙarƙashinta. Ina girmama su, amma ban ga sun dace ba.

Mai sikila halittarsa cikakkiya ce, hankalinsa lafiya lau. Abin da ya same shi harafi ɗaya ne ya canza a ƙwayar gadon da ke gina jan jini, shi ya sa ƙwayoyin jinin suke lanƙwashewa su toshe ƙananan jijiyoyi. Gwajin zai ce miki SS, amma ba zai ce miki yaya ciwon zai yi tsanani ba. Yara biyu 'yan ɗaki ɗaya, duka SS, wani kusan duk wata sai an kwantar da shi, wani sai ya shekara bai ga gadon asibiti ba, saboda yawan jinin jarirtaka da ya rage a jikinsu da wasu ƙwayoyin gado ya bambanta. Wane kwamiti ne zai rantse cewa rayuwar wannan ɗan tayin azaba ce zalla?

Sharaɗin rashin magani ma bai cika ba. A Ingila da Amurka fiye da kashi 90 cikin 100 na yaran SS suna kaiwa girma. Maganin hydroxyurea yana rage tashin ciwo da yawan ƙarin jini, kuma a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano an yi bincike a kan amfaninsa wajen kare yara daga shanyewar ɓarin jiki. Dashen ɓargo yana warkarwa, an fara yin sa a Najeriya a Benin a 2011. Idan aka ce ai wannan duk na masu hali ne, talaka ba ya samu, to an yarda ke nan dalilin ba cutar ba ce, talauci ne da rashin kulawar hukuma. Tsoron talauci kuwa Alƙur'ani ya ambace shi da sunansa a Suratul Isra'i, ya hana a kashe 'ya'ya dominsa. Abu ɗaya na keɓe: idan likitoci amintattu suka tabbatar cikin zai halaka uwa, ana ceton uwa.

Tunda ba za ki cire ba, shawarata ki bar gwajin. Yana da haɗarin ɓari, ƙasa da ɗaya cikin ɗari, amma haɗari ne da babu abin da za ki saya da shi. Yakan kuma yi kuskure idan ƙwayoyin uwa suka gauraya da abin da aka ɗebo. Ki tuna a kowane ciki rabon SS ɗaya ne cikin huɗu, uku na lafiya ne, kuma kowane ciki lissafinsa daban, haihuwar da ta gabata ba ta rage komai ba ta ƙara komai. Ki jira haihuwa a ɗebi jini a dunduniyar jaririn. In SS ne, a fara masa penisilin kafin ya cika wata uku, a cika masa rigakafi, ya kwana a gidan sauro. Babbar 'yarki kuma ki nema mata hoton jijiyoyin kai da ake kira TCD duk shekara, ki tambayi likitanta ko lokacin hydroxyurea ya yi. Duk zazzaɓin da ya kai digiri 38.5 a ma'aunin Celsius asibiti za a nufa a daren, ba kemis ba.

Don gaba, ku biyun kuna iya yarda ku ba da tazara ko ku dakata da haihuwa, wannan uzuri ne karɓaɓɓe. Mai hali kuma yana da hanyar IVF: a haɗa ƙwanki da maniyyin mijinki a ɗakin gwaji, a rana ta biyar a ɗebi ƙwayoyi kaɗan a gwada, a mayar miki da wanda ba SS ba. Wannan ya halatta, domin abin bai riga ya shiga mahaifa ba, da sharaɗin ƙwan naki ne, maniyyin nasa ne, mahaifar taki ce, igiyar aure kuma tana nan. Kada ku ƙi AS, lafiyayye ne kamar ku. Maganin gyaran ƙwayar gado na Casgevy da Ingila da Amurka suka amince da shi a ƙarshen 2023 shi ma halal ne, tunda jinin majiyyaci kaɗai yake gyarawa, ba ya ratsawa zuwa zuriya. Sai dai kuɗinsa a Amurka ya haura dala miliyan 2, kuma maganin da ake share ɓargo da shi kafin a yi yana iya hana haihuwa.

Ki nuna wa maigidanki wannan amsa. Kai kuma maigida, rabin wannan gado daga gare ka ya fito, kada ka bari dangi su ɗora wa matarka laifi ko su zuga ka ka sake ta. Kwanan asibiti ku raba shi. In ka tashi ƙara aure, a gwada amaryar sau biyu a wurare daban, ɗaya da na'urar HPLC, domin tsohuwar hanyar gwaji a ƙananan ɗakuna takan ba da sakamakon kuskure irin wanda aka ba ka, haka ma idan mutum bai daɗe da karɓar ƙarin jini ba. Kuma ku gaya wa ƙannenku su yi nasu tun kafin a kai kuɗin gaisuwa.

Wallahu a'alam.