Amsa kan tsimin tuna baya a labarinki

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Kin ce kina rubuta labarin almara a wata duniya ta ƙirƙira, inda ake shan wani tsimi a ga abin da ya wuce, kina neman yadda mai karatu zai gaskata shi.

Ni dai da za ki ji tawa, ki bar tsimi ki koma hayaƙi. A Argungu na tashi, kuma har yau in na ji ƙamshin kifin da ake bandawa, sai kakata ta faɗo mini a rai, da zanenta na saƙi da hannunta duk toka. Babu abin da ke tada tsohon tunani da sauri kamar hanci. Ki sa a riƙa zuba wani tsiro a kasko kamar turaren wuta.

Sannan kada ya zo a banza. Dubi zaƙami, wanda ake kira haukata-yaro: mai shansa yakan ga abin da babu, maƙogwaro ya bushe, in ya farfaɗo sau da yawa ba ya tuna abin da ya aikata. Ki ɗauki wannan ki juya shi. Duk abin da hayaƙin ya dawo wa mutum da shi, ya ɗauke masa wani a madadinsa. Uwa ta sake ganin fuskar ɗanta da ya rasu, ta wayi gari ta manta sunan 'yarta mai rai. Wallahi a nan labarin zai taɓa zuciya.

Tsiron kuwa ki sa ya fito a kufai irin na Surame, tsohon birnin Kanta sarkin Kabi, tsakanin duwatsun ganuwa, masu tsinkarsa kuma sai sun rufe hanci da rawani.