Me talaka yake yi a fim ɗin tarihi?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina haɗa fim kan yadda Garwa take a shekarun samun 'yancin kai. Na samo tsofaffin hotunan majigi, amma rabinsu 'yan kasuwa ne da mata masu ɗebo ruwa, ba wanda aka san sunansa. Abokin aikina ya ce in yanke su, in bar na Ahidjo da sarakuna. Me ka gani? Daga wani mai karatu a Garwa.

Amsa: Wa'alaikumus salam. Kada ka yanke, ɗan'uwa. Cewa Kamaru ta samu 'yanci ranar 1 ga Janairun 1960, Ahmadu Ahidjo ɗan Garwa ya zama shugaba, wannan yana cikin littafin makaranta. Abin da littafi bai ɗauka ba shi ne irin zanen da matan suke ɗaurawa, da tulu ne ko garwa suke ɗebo ruwa, da yawan masu tafiya ba takalmi, da inda ruwan Binuwai yake kaiwa lokacin da jirage ke zuwa lodin auduga da gyaɗa. Mai jawabi a dandamali ya shirya wa kyamara. Mai tallan da ta gifta bayansa kuwa ba ta shirya ba, shi ya sa shaidarta ta fi ƙarfi. Don haka ka riƙa tsayar da hoton kana duba gefe-gefe, ba tsakiya kaɗai ba.

Sai dai ka san wanda ya riƙe kyamarar. A 1934 Faransa ta kafa dokar da ake kira da sunan Laval, ministanta na ƙasashen mulkin mallaka a lokacin, wadda ta sa ba a ɗaukar fim a ƙasashen da take mulka a Afirka sai da izinin hukuma. Shi ya sa kusan duk abin da za ka samu kafin 1960 idon Bature ne: soja, ko ɗan mishan, ko matafiyi irin ayarin motocin Citroën da ya ratsa Fort-Lamy, wato Njamena ta yau, a tafiyarsa ta 1924 zuwa 1925. Suna son abin da zai ba mutanen Paris mamaki. Sau da yawa rawar da kake gani tara mutane aka yi aka ce su yi, ba ranar bikinta ba ce. In ka ga kowa a jere yana kallon wuri ɗaya, to akwai mai ba da umarni a bayan kyamara. Yi amfani da hoton, amma ka faɗa wa mai kallo wa ya ɗauka.

Aikin da na fi so ka ba lokaci shi ne wannan: sa hotunan a kwamfuta, ka kai wa dattawan unguwa, ka kunna na'urar ɗaukar murya ka yi shiru. Tsohuwa za ta ce wannan kitson na amare ne, wani tsoho ya ce ai nan ba Garwa ba ce, dubi dutsen, Marwa ce. Wannan gyaran ma yana ceton ka, domin rubutun da ke jikin gwangwanin fim yakan yi kuskure, kuma babban aibin masu wannan sana'a shi ne ɗora hoton wani gari a kan labarin wani. Masu tsallaka kogin Shari zuwa Kusiri a yaƙin Njamena na 1980 ba za su tsaya a madadin kowane ɗan gudun hijira ba.

Abu biyu na fasaha. Fim ɗin da ba shi da sauti sau da yawa an ɗauke shi da hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa; in ka kunna shi a 25, dattijo mai rawani zai riƙa sauri kamar ɗan wasan barkwanci. Daidaita gudun. In kuma ka ƙara hayaniyar kasuwa daga baya, rubuta hakan a ƙarshen fim.

Hotunan da ke hannun INA, ma'ajiyar rediyo da talabijin ta Faransa, ko ECPAD, ma'ajiyar sojan Faransa, ba kyauta ba ne, sai ka nemi izini ka biya. Na shekarun baya-bayan nan kuwa suna cikin gidajenmu: kaset ɗin VHS na biki da suna da hawan salla. Zafi da ƙura suna cin su, ka juye su a kwamfuta tun ana iya kunnawa, bayan ka nemi yardar masu gidan.