Shin 'yan kamikaze sun kusa durƙusar da sojojin ruwan Amurka kafin a jefa wa Japan nukiliya?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamin makarantar sakandare ne a Zariya, kakana kuma yana cikin sojojin da Turawa suka kai yaƙin Bama. Akwai wani bidiyo da ke yawo a wayoyin ɗalibaina, mai maganar yana cewa Japan ce ke da rinjaye a teku har 1945, 'yan kamikaze sun kusa ƙarar da jiragen ruwan Amurka, shi ya sa Amurka ta tsorata ta jefa nukiliya. Abin da ya tayar min da hankali, yaran sun mai da matuƙan nan gwanayensu, ɗaya har ya ce min wanda ba ya tsoron mutuwa ba a cin sa da yaƙi. Malam, me zan faɗa musu?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya jiƙan magabata. Ka yi daidai da ka damu, domin maganar yaron nan ta fi bidiyon haɗari.

Mu fara da lissafin kwanaki, shi kaɗai ya isa ya rushe rabin zancen. Japan ta kai hari Pearl Harbor, sansanin sojojin ruwan Amurka, ranar 7 ga Disamba 1941. Harin kamikaze (wato matuƙi ya faɗa wa jirgin ruwan abokan gaba da jirgin samansa da gangan) na farko da rundunar Japan ta tsara ya zo ne ranar 25 ga Oktoba 1944, kusan shekara uku bayan haka. Duk lokacin da Japan ke cin nasara, babu wanda ya ce wa matuƙinta ya faɗa kan jirgi da gangan, saboda matuƙin na iya jefa bam ya dawo gida gobe ya sake. Sai da ƙwararrun suka ƙare aka koma ƙunar baƙin wake.

Gaskiya ne Japanawa sun ba Amurka kashi a 1942. A daren 9 ga Agusta, kusa da tsibirin Savo, sun nutsar da manyan jiragen yaƙi huɗu na Amurka da Ostireliya, kuma topidonsu (bam mai tafiya a cikin ruwa) mai aiki da iskar oksijin ya fi na kowa nisan zango a lokacin. A ƙarshen Oktoba na shekarar, bayan an nutsar da Wasp da Hornet, Enterprise kaɗai ya rage wa Amurka a wannan fage cikin manyan jiragen ruwa masu ɗaukar jiragen sama, shi ma da rauni. In akwai lokacin da sojojin ruwan Amurka suka ji jiki har ƙashi, wannan ne, kuma babu kamikaze ko ɗaya a ciki. Amma tun a watan Yuni Japan ta riga ta yi asarar masu ɗaukar jiragen samanta Akagi da Kaga da Soryu da Hiryu a yaƙin Midway, huɗu daga cikin shidan da suka kai hari Pearl Harbor, sannan watanni shida na gumurzu a Guadalcanal suka cinye mata matuƙa.

Abin da ya kashe rundunar Japan a hankali shi ne mai. Don man tsibiran da yau ake kira Indunusiya ta shiga yaƙin, bayan Amurka ta daina sayar mata a 1941, kuma dole a ɗauko man nan a tanka a bi dubban kilomita na teku kafin ya isa gida. Jiragen ƙarƙashin ruwan Amurka suka tsare hanyar. Da farko ma ba su yi abin kirki ba, saboda topidonsu samfurin Mark 14 yana da lahani uku, kowanne na ɓoye ɗan'uwansa. Yana nutsewa kimanin mita 3 ƙasa da inda aka saita shi, sai ya wuce ta ƙarƙashin jirgin. Na'urar maganaɗisun da ke tayar da shi tana fashewa tun bai isa ba. In kuma ya bugi jirgi kai tsaye, allurar da ke tayar da bam ɗin sai ta lanƙwashe, a ji ƙara kawai babu fashewa. Kyaftin-kyaftin suka yi ta kai ƙara, ofishin makamai a Washington ya yi ta cewa su ne ba su iya saiti ba. Sai da Admiral Lockwood ya sa aka harba topido cikin ragar kamun kifi a Ostireliya a Yunin 1942, aka auna inda ya huda. A Yulin 1943 jirgin ƙarƙashin ruwa Tinosa ya harba wa tanka guda topido 15, yawanci suka buga ba su tashi ba, kyaftin ɗin ya riƙe na ƙarshe ya kai Pearl Harbor a buɗe a gani. Kusan shekara biyu mutane na saka ransu a haɗari da makami maras aiki don wasu masu zaman ofis sun ƙi yarda sun yi kuskure.

Da aka gyara a ƙarshen 1943, sai hanyar Japan ta zama maƙabarta. Fiye da rabin jiragen dakon kayan da ta rasa a yaƙin, jiragen ƙarƙashin ruwa ne suka nutsar, Amurka kuma ta biya da jirage 52 da mutum kimanin 3,500. Rashin mai ya hana sabon matuƙi samun isassun sa'o'in koyo a sama. Ga kuma bambancin tsari: Amurka tana janye gwanin matuƙi daga fagen fama ta mai da shi malami, tana kuma ajiye jiragen ƙarƙashin ruwa don tsamo waɗanda aka harbo, har sun ceto fiye da 500, cikinsu da George Bush wanda ya zama shugaban ƙasa daga baya. Japan kuwa tana barin gwaninta a gaba har ya mutu da iliminsa. Sakamakon ya fito fili ranar 19 ga Yuni 1944 a tekun Filifin, inda Japan ta rasa jiragen sama fiye da 300 a yini guda, Amurka kimanin 30.

A ranar ce kuma Taiho, sabon jirgin Japan mai ɗaukar jiragen sama da bai kai wata huɗu da fara aiki ba, ya nutse da topido ɗaya tak. Bugun ya tsaga tankin fetur ɗin jiragen sama, fetur ya taru a ramin lif, jami'in da ke kula da gyara ya sa a kunna fankoki duka don warin ya fita. Fankokin suka raba tururin fetur ko'ina a cikin jirgin, bayan sa'o'i shida da ɗoriya tartsatsi ɗaya ya tashe shi. Amurkawa sun rasa Lexington ta irin wannan hanya a Mayun 1942, suka ɗauki darasi: da an hango hari sai a zuƙe fetur daga bututai a cika su da iskar da ba ta kama wuta. Jaruman da ke cikin Taiho ba su gaza na Amurka zuciya ba, horon kashe gobara ne ya raba su.

To yanzu ga maganar da nake so ka tsaya a kanta da yaran, don kullum sai an aiko min da ita ta wata fuska, daga masu haɗa hotunan hayaƙi da kiɗa mai tayar da tsikar jiki su kira shi tarihi. A makon da aka fara kamikaze, a yaƙin mashigin Leyte, Japan ta rasa jirage huɗu masu ɗaukar jiragen sama da manyan jiragen igwa uku, har da Musashi. Jirage huɗun nan ma tarko aka yi da su, an tura su da jiragen sama ɗari da 'yan kai don su ja hankalin Admiral Halsey na Amurka, saboda babu matuƙan da za a cika su da su. Rundunar da ke da rinjaye ba ta mai da manyan jiragenta abincin ƙugiya. Admiral Onishi na Japan, wanda ya tsara rukunin kamikaze na farko a Filifin, ya tarar da jiragen da ke hannunsa ba su taka kara sun karya ba, shi ya sa ya zaɓi wannan hanya. Shure-shure ne, kuma Hausawa sun riga sun faɗi abin da ba ya hanawa.

Ba na raina ɓarnar da suka yi. A Okinawa sojojin ruwan Amurka kimanin 4,900 suka mutu, an nutsar da jirage 36, fiye da 300 sun lalace, akasari aikin kamikaze. Ranar 11 ga Mayu 1945 jirage biyu suka faɗa wa Bunker Hill, babban mai ɗaukar jiragen sama, cikin rabin minti, mutum kusan 400 suka halaka. Kuma gaskiya ne hafsoshin Amurka sun ji tsoron abin da zai faru in suka sauka a tsibirin Kyushu na kudancin Japan, inda Japan ta ɓoye dubban jirage don wannan aiki. Iyakar gaskiyar bidiyon ke nan.

Amma ka ce wa yaran su kawo maka sunan babban jirgi ɗaya da kamikaze suka nutsar. Babu. Matuƙa kusan 3,800 suka mutu, waɗanda suka sami jirgi ba su kai ɗaya cikin biyar ba, kuma ba su nutsar da babban jirgi mai ɗaukar jiragen sama ko jirgin igwa mai sulke ko guda ba. Mafi girman abin da suka kai ƙasa ƙananan masu ɗaukar jirage ne guda uku, St. Lo da Ommaney Bay da Bismarck Sea, dukansu daga wani samfuri da Amurka ta ƙera guda 50 cikin ƙasa da shekara biyu.

Dalilin a fili yake ga wanda ya san jirgi. Jirgin ruwa ba ya nutsewa sai ruwa ya shige shi, kuma topido ne ke huda shi a ƙasan ruwa. Kamikaze a sama yake bugu, jikin jirginsa gwangwani ne maras nauyi, bam ɗinsa sau da yawa kilo 250, kuma saurin faɗowarsa bai kai na bam ɗin da aka saki daga nesa ba, don haka ba ya ratsa sulke. Gobara yake haddasawa, gobara kuwa Amurkawa sun koyi kashe ta. Sannan kafin ya iso sai ya ratsa shinge uku: jiragen Hellcat da Corsair da rada ke turowa su tare shi tun daga nesa, igwa mai inci 5 da harsashinta ke ɗauke da 'yar na'urar rediyo mai fasa shi da ya kusanci jirgi ko bai taɓa shi ba, sai bindigogi masu milimita 40. Yaron da bai daɗe da koyon tuƙi ba, jirgin farko da ya gani shi yake faɗa wa, wato ƙananan jiragen gadi da aka jera nesa da Okinawa. Ranar 16 ga Afrilu 1945 jirage 22 suka yi wa ɗaya daga cikinsu, Laffey, taron dangi. Shida suka faɗa masa, bam huɗu suka same shi, mutum 32 suka mutu, jirgin kuma bai nutse ba, yana nan har yau a gidan tarihi a Amurka.

Kada kuma a ce wa yaranka duk waɗannan matasan da murna suka tafi. Da yawa ɗaliban jami'a ne da aka cire daga aji a ƙarshen 1943, aka nemi masu sa kai a gaban abokansu, a wurin da cewa a'a abin kunya ne ga mutum da iyayensa. Dattawan da suka tsara abin suna ƙasa suna ɗaga musu hannu. Wannan hoton mu a Arewa ba baƙonmu ba ne, mun ga wa ake ɗaura wa bam, mun kuma ga wa ke zama a baya. Onishi kansa ya kashe kansa ranar 16 ga Agusta 1945, ya bar takarda yana neman gafarar matasan da iyalansu.

Haka aka yi da Yamato, jirgin igwa mafi girma da aka taɓa ƙerawa. An tura shi Okinawa ba tare da rakiyar kirki ta sama ba, ranar 7 ga Afrilu 1945 jiragen Amurka suka nutsar da shi da mutum fiye da 3,000, su kuma suka rasa jirage 10 da mutum 12. Daga Maris na shekarar tankokin mai sun daina isa Japan, jiragen B-29 suna zuba nakiyoyi a mashigan ruwanta, mutane na tonon saiwar itace don a tatsi man jirgi. A ƙarshen Yuli aka bi ragowar jiragen da ke fake a tashar Kure babu mai aka ƙarasa su. Lokacin da aka jefa bam a Hiroshima ranar 6 ga Agusta, Nagato ne kaɗai babban jirgin igwan Japan da ke kan ruwa. Ana iya jayayya a kan halaccin jefa wa fararen hula wannan makami, kuma jayayya ce mai nauyi da ta cancanci aji guda, amma ba rundunar ruwa aka jefa shi don a tsayar ba, domin babu ita.

Kakanka ma yana cikin labarin nan, ka shigo da shi. Haɗarin hanyar teku zuwa Rangun ne ya sa Japan ta tilasta wa fursunonin yaƙi da leburorin Asiya gina layin dogo mai kilomita 415 daga Tailan zuwa Bama, aka gama a Oktoban 1943 a kan gawarwakin dubban mutane, kuma duk da haka abinci da harsashi ba su wadaci sojojinta ba. Runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma, waɗanda 'yan Arewa da yawa ke cikinsu, sun gwabza da su a kwarin Kaladan da yankin Arakan, suka karɓi garin Myohaung a Janairun 1945, fiye da wata shida kafin Hiroshima. In ka taɓa kai ɗaliban Kaduna, nuna musu allon barikin Kalapanzin da na Dalet, sunayen wurare ne a Bama inda mutanenmu suka yi wannan yaƙi.