Bashin banki ya fi ƙarfina, ko kotu za ta iya sassauta mini?

Malam, ka ce ka ci bashin banki ka zuba kaya a shagonka na Kasuwar Dole a Damagaram, ciniki ya tsaya, ga shi an kawo maka takardar neman biya. Allah Ya kawo mafita.

Kotu ba ta yafe bashi, amma tana iya ba ka lokaci. Nijar tana bin dokokin OHADA, ƙungiyar da ke daidaita dokokin kasuwanci a wasu ƙasashen Afirka, kuma sashe na 39 na dokar karɓar bashi ya ba alƙali ikon ɗage biyan ko rarraba shi, har tsawon shekara 1, bayan ya duba halinka da buƙatar bankin. Yana iya cewa abin da kake biya ya fara rage uwar kuɗin kafin ruwa. Wannan sassaucin bai shafi bashin kuɗin ciyar da iyali ba.

Sai dai alƙali hujja yake so, ba kuka ba. Kai masa yarjejeniyar bashin, rasit ɗin duk abin da ka biya, da littafin shagon, ko da ya sha maiƙo. Wanda yake biyan ko jaka goma duk wata, a ganina, ya fi samun kunnen alƙali a kan wanda ya kashe waya ya ɓuya.

Kar ka jefa takardar a aljihu. In umarnin biya ne daga kotu, wa'adin ƙalubalantarta ƴan kwanaki ne. Kar kuma ka kwashe kaya zuwa gidan ƙaninka.

In ka ba da takardar gida jingina, nemi lauya tun yau. In babu hali, tambayi ofishin ANAJJ, hukumar da ke taimaka wa marasa hali kan shari'a, a babbar kotun Damagaram.