Amsa ga Hajiyar da ke son kai ɗanta yawon tsohuwar Ikko

Assalamu alaikum. Hajiya, tun jiya da daddare na ga tambayarki, amma na kasa amsawa a lokacin saboda ta taɓo mini wani miki. Kin ce ɗanki mai son zane ya matsa miki sai kun je yawon ƙafa a unguwar Aguda, ta waɗanda suka dawo daga Barazil, da ke tsibirin Legas, kin samu wani mai zagayawa da baƙi a Instagram, ya ce a tura masa kuɗin duka kafin ranar, kina tambaya ko abin ya kai a je, kuma ko gwiwarki za ta ɗauka. Wallahi kamar labarina kika ɗauko kika rubuta.

Ki je, Hajiya, ki kai yaron nan. Amma don Allah kada ki tura wa kowa kuɗi duka ba ki ga idonsa ba.

Ni ƴata ta biyu ce ta ja ni, wadda ke karatun zane a Yaba. Wata guda tana yi mini magiya, tana nuna mini hotunan tagogi masu baka da ƙarafan baranda masu fure. Na tura wa mutumin kuɗin mutum biyu, har da na ruwa da abin taɓawa da ya ce yana ciki. Ya ce mu haɗu ƙarfe tara a Onikan, bakin gidan tarihi. Mun baro Agege ana idar da sallar asuba don kada cunkoso ya riƙe mu. Bai iso ba sai sha ɗaya saura. Ko sannu bai ce mana ba, ya wuce mu ya nufi sauran baƙin, wasu Turawa uku da wasu ƴan ƙasarmu da suka zo hutu daga Ingila, yana ta ba su haƙuri har da rusunawa. Mu kuwa ya dube mu daga hijabi zuwa takalmi, ya juya ya ce wa yaronsa da Yarabanci, wai waɗannan "aboki" ba abin da za su gane, kuɗinsu dai ya shigo. Bai san a Agege aka haife ni ba, bai san da Yarabanci nake cinikin kasuwa tun ina talla ba. Na ji, na haɗiye, saboda yarinyar tana ta murna, ta riga ta buɗe littafinta tana zana mutum-mutumin tagulla da Ben Enwonwu ya ƙera, wanda ke jikin ginin. Na ce a raina kada in ɓata mata rana.

Da na san abin da ke gaba, da a nan na tsaya na ce ya mayar mini da kuɗina.

Duk inda muka tsaya, baya yake ba mu. In ta ɗaga hannu za ta yi tambaya sai ya yi kamar bai gani ba. A Freedom Park, wato tsohon kurkukun Broad Street da aka mayar wurin shaƙatawa a 2010, inda aka taɓa tsare su Herbert Macaulay da Awolowo, minti goma bai ba mu ba, alhali nan ne kaɗai wurin da ke da inuwa da abin zama. Gwiwata ta fara zugi tun daga nan. Na roƙe shi ya rage sauri, ya ce shi ba motar asibiti yake ja ba.

Abin da har yau ban manta ba a dandalin Tinubu ya faru. Yana nuna inda gidan Ilojo Bar yake a da, gidan nan na 1855 da gwamnati ta sa cikin kayan tarihin ƙasa tun 1956, amma aka wayi gari a watan Satumba na 2016 an rushe shi. Ƴata ta yi ƙarfin hali ta ce, cikin ladabi wallahi, muryarta ma har tana rawa: "Yallaɓai, na ji an ce cikin waɗanda suka dawo daga Barazil akwai Musulmi, kuma cikin bayin da aka kai can akwai Hausawa. Akwai abin da za ka nuna mana a kan haka?" Sai ya yi dariya ya ce da Turanci, don kowa ya ji, wai in tarihinmu muke nema mu hau mota zuwa Mile 12 wurin albasa da tumatir. Wasu suka yi dariya. Ba duka ba, akwai wata mata da ta sunkuyar da kai, ina ganinta. Ƴata ta rufe littafinta a hankali ta sa a jaka. Ba ta ƙara fito da shi ba. Hajiya, ke uwa ce, kin san yadda ake ji idan aka muzanta ɗanki a gabanki kuma bakinki ya mutu. Ni da ba a ƙure ni da magana a kasuwa, a ranar ko kalma ɗaya ban iya furtawa ba. Maƙogwarona ya bushe. Na yi ta kallon ruwan da ke tsakiyar dandalin don kada hawaye ya zubo a gabansa. Sau nawa na kwanta da daddare ina jera amsar da ya kamata in ba shi! Sana'ar albasa ba abin kunya ba ce, da ita mahaifina ya ciyar da mu tara, ya kai uku makarantar gaba da sakandare. Amma shi don ya wulaƙanta mu ya faɗa, a gaban baƙi, bayan ya ci kuɗinmu.

Bai tsaya nan ba. Da muka shiga titin Martins wajen masallacin Shitta-Bey an yi azahar, na ce masa za mu yi sallah, minti goma kacal. Ya ce to. Wata mai sayar da leshi ta ba mu buta da wuri a bayan shagonta. Muna fitowa babu shi babu mutanensa. Na kira ya fi sau goma, daga baya ma ya kashe wayar. Ga rana, ga turereniyar kasuwar Balogun, ga masu baro suna ta ihu a ba su hanya, ga ƙafata ta kumbura. Washegari na rubuta masa, ya toshe ni. Na bar shi da Allah, amma ban yafe abin da ya yi wa yarinyar nan ba, ba zan ɓoye muku ba.

Kada wata ta ɗauka ƙabila nake zagi. Wanda ya share mana hawaye a ranar ma Bayarabe ne, wani dattijo da ke zaune a ƙofar masallacin. Ya ga halin da muke ciki, ya sa aka kawo mini benci da ruwa, ya ce wa ƴata ta ɗaga kai ta dubi fuskar ginin. Shi ya ba mu labarin cewa an buɗe masallacin a 1894, attajiri Muhammadu Shitta ne ya kashe dukiyarsa, wanda ya jagoranci ginin kuma João Baptista da Costa ne, cikin mutanen da suka dawo daga Barazil. Ranar buɗewa har Gwamna Carter ya zo, kuma Sarkin Daular Usmaniyya ta Turkiyya ya aiko Abdullahi Quilliam, Baturen Liverpool da ya musulunta, da sarautar "Bey". Daga nan sunan ya samo asali. Ƴata ta tsaya tana ji, amma littafin dai bai fito ba.

Kuma tambayar da ta yi daidai ce, daga baya ta bincika a makaranta ta zo ta karanta mini. A Bahiya ta Barazil, Hausawa ne kan gaba a yunƙurin tawayen bayi na 1807. A 1835 kuma Musulmi suka yi babban tawayen da ake kira na Male, yawancinsu Yarabawa, da Hausawa a ciki, an samu layu da rubutun Larabci a jikinsu. Bayan wannan ne aka koro da yawa, wasu kuma suka dawo da kansu, har zuwa bayan 1888 da aka hana bauta a can. Su ne suka zo da sana'ar gini da kafinta da ƙira da ta ƙawata Popo Aguda, wato unguwar Aguda ɗin nan. Ga kuma dakarun da Glover, wani Baturen mulki a Ikko, ya kafa a 1863, waɗanda har a littattafai Hausawan Glover ake kiransu, tushen soja da ƴan sandan ƙasar nan. Kakanninmu suna cikin garin nan tun kafin a yi gada. Ki faɗa wa ɗanki wannan tun a gida, kafin wani ya faɗa masa akasin haka a titi.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne mu kanmu ba ma kai yaranmu. Shekara nawa muna shiga Idumota da Balogun sayayya, muna wucewa ta gindin gine-ginen nan ba mu taɓa ɗaga kai ba? In yaro ya ce yana son zane sai a ce ɓata lokaci ne. Maigidana ma sai da aka kai ruwa rana kafin ya yarda da karatun yarinyar. Kuma ba Ikko kaɗai ba, duk wadda ta je Kano kwanan nan ta ga yadda ake cin badala ana dasa shaguna. In na tuna Ilojo Bar sai in tuna wannan.

Maganar gwiwa, kada ki yarda da yawon awa huɗu a tafi ɗaya. Karo na biyu da muka koma mu kaɗai, da ƙanin maigidana da ke aiki a Obalende, raba shi muka yi. Mun fara da gidan tarihi na Onikan, wanda aka buɗe a 1957. A nan muka ga baƙar marsandin da aka harbe Janar Murtala a ciki ranar 13 ga Fabrairu 1976, da ramukan harsashi a jikinta. Na daɗe a tsaye ina yi masa addu'a, mahaifiyata ta sha ba mu labarin yadda Agege ta yi tsit a ranar. Lokacin da muka je ba a barin ɗaukar hoto a ciki, to ɗanki ya riƙe fensir da takarda. Daga nan muka bi ta dandalin Tafawa Balewa mai dawakai a ƙofa, muka huta sosai a Freedom Park, sannan dandalin Campos, sannan titin Kakawa wurin Gidan Ruwa na iyalan da Rocha, waɗanda suka yi arziki da sayar da ruwan rijiya tun kafin famfo ya wadata. A bakin gidan nan ne ta sake fito da littafin. Ban ce mata komai ba, na dai riƙe mata lema har ta gama.

Ki sa takalmi mai taushi, ba silifas ba, hanyoyin akwai ramuka da buɗaɗɗun kwatoci. Kada ki sa ran acaba zai cece ki, an hana su a tsibirin. Lahadi da safe ta fi, kasuwa ba ta ci sosai, ana ganin fuskar gine-gine ba rumfuna sun rufe ba. In damina ce ki duba sama tukuna, ruwa na kwanciya a lungunan. Jakarki a gaba, waya a ciki. Gidajen nan da yawa akwai mutane a ciki, a yi sallama a nemi izini kafin yaro ya zauna zane ko ya ɗaga waya. In ƴan agbero, wato ƴan tashan garin, suka tare ku kan hoto, kada ɗanki ya yi musu, ku wuce kawai. Ki tafi da maganinki da ruwa, kada ki dogara da "yana ciki".

In kuma lallai sai da mai zagayawa, akwai na kirki, ban ce babu ba. Ki kira shi da murya, ba rubutu ba, ki ji yadda zai amsa sallamarki. Ki ce masa ke Bahaushiya ce, za ki tsaya sallah, kina da ciwon gwiwa, ki ji abin da zai ce. Ki tambaye shi wa ya gina masallacin Shitta-Bey. In ya fara kame-kame ko ya nuna gajiya da tambayoyinki tun a waya, ki ajiye shi. Kuɗi kuma rabi in an haɗu, rabi in an gama. Ki ajiye shaidar turawa da hoton shafinsa. Ki nemi lambar wani da ya taɓa bi da shi, ba yabon da ke shafinsa ba, wannan mutumin nawa ma shafinsa cike yake da yabo.

Yaron shekararsa nawa ne, Hajiya? In bai wuce sha biyar ba kada ki bar shi ya yi gaba shi kaɗai a wajen Ereko, kusa da masallacin Shitta-Bey, minti ɗaya ya isa ku rabu. Ƴata ta ce in gaya miki in kun sa rana a hutun nan za ta raka ku, ta san hanyar yanzu lungu-lungu, ba ta son ko kwabo. Ni ma in ƙafar ta bar ni zan zo, ko a Freedom Park ne mu zauna ni da ke su je su dawo. Ki yi mini magana ta gefe mu tsayar da ranar. Allah ya ba ki lafiya, ya yi wa yaron albarka.