Baƙo zai iya sayen fili a ƙasar 'yan Pomo?

Malam, ka tambaya ko wanda ba ɗan ƙabilar Pomo ba zai iya sayen fili a keɓaɓɓiyar ƙasarsu da ke arewacin Kaliforniya a Amurka. Pomo ƙabila ce ta 'yan asalin ƙasar, waɗanda ake kira Indiyawan Amurka. In filin na amana ne, a'a. Takardar mallakarsa tana hannun gwamnatin tarayyar Amurka, ita ke riƙe wa ƙabilar, don haka ko majalisarsu ba ta da hurumin sayar maka. Iyakarka haya. Ta kasuwanci yawanci shekara 25 ce, a sabunta sau ɗaya, kuma galibi sai hukumar tarayya mai kula da al'amuran Indiyawan Amurka (BIA) ta sa hannu.

Sai dai ba kowane fuloti ne na amana ba. Wata dokar tarayya ta 1958 ta rushe da yawa daga ƙananan matsugunan da ake kira rancheriya, aka raba wa ɗaiɗaikun mutane, wasu suka sayar, wasu bashin haraji ya cinye nasu. Shari'ar Tillie Hardwick, wata 'yar Pomo da ta kai gwamnatin Amurka ƙara, ta maido da matsugunai 17 a 1983, har da na 'yan Pomo a Pinoleville da Redwood Valley, amma filin da ya riga ya shiga hannun baƙi bai koma amana ba. Irin wannan ana saye, harajin gunduma kuma yana kanka. Kada ka ba da kafin alƙalami sai ka ga rahoton matsayin filin daga ofishin rajistar filaye na BIA, domin shinge da allon bakin hanya ba hujja ba ne.